SHARHI: Kano na da jami'o'i fiye da goma, amma ina ake kallon wasan ƙarshensu?

A ranar Asabar, 6 ga Disamba, 2025, manyan rukunonin jami'o'in Amurka sun buga wasanninsu na ƙarshe a ƙwallon ƙasar, wato wadda ake runguma a sheƙa da ita, mai kama da zari-ruga. A birnin Atlanta, Jami'ar Jojiya ta kara da ta Alabama domin ɗaukar kofin rukunin SEC, da ƙarfe 4 na yamma agogon gabashin Amurka, wanda ya yi daidai da ƙarfe 10 na dare agogon Najeriya. A birnin Indianapolis kuma, Ohio State da Indiyana, waɗanda babu wadda aka doke a kakar kafin ranar, sun fafata a kan kofin rukunin Big Ten da ƙarfe 2 na dare agogon gida, wayewar garin Lahadi.

Tashar ABC ce ta nuna wasan farko, Fox ta nuna na biyu. A nan kuwa, tashar ESPN, wadda kamfani ɗaya ya mallake su da ABC, tana cikin jerin tashoshin DStv da StarTimes, kuma ita ce ke kawo wa masu kallo a Afirka wasannin jami'o'in Amurka. Tun kafin a take ƙwallon farko na kakar, an riga an san ranar wasan ƙarshe, an san filin, an san tashar da za ta nuna shi.

Wannan wasa bai dami yawancin matasan Kano ba, kuma babu dalilin da zai sa ya dame su. Abin lura a ciki shi ne, matashin da ke zaune a Ƙofar Nassarawa zai iya sanin lokacin wasan ɗaliban Atlanta cikin minti ɗaya da wayarsa, amma idan ya nemi sanin ranar da Jami'ar Bayero za ta haɗu da ta Wudil, da filin da za a buga, da tashar da za ta kawo, sai ya yi ta tambaya. A kalandar Kano babu wata tsayayyar rana ta wasan ƙarshen jami'o'i. Babu kuma tashar da mai kallo ya saba murɗowa duk shekara domin shi.

Ruwa ba ya tsami banza. Rashin wannan rana yana da alaƙa da yadda ake tafiyar da jami'o'i, da yadda aka yi da filayen gari, da kuma inda kuɗin wasannin da ɗalibai ke biya yake shiga.

Yadda kallo ya zama dukiya a Amurka

Abin da Amurkawa ke kira rukuni, ƙawance ne na jami'o'in da suka amince su riƙa karawa da juna duk shekara, a kan jadawali ɗaya da dokoki ɗaya, su kuma sayar da haƙƙin nuna wasanninsu a dunƙule, su raba kuɗin a tsakaninsu.

Ba haka abin yake tun asali ba. Shekaru da dama hukumar wasannin jami'o'in ƙasar, NCAA, ita kaɗai ke ƙulla yarjejeniya da gidajen talabijin, tana kuma ƙayyade sau nawa za a nuna kowace jami'a. A 1984 Kotun Ƙolin Amurka ta yanke hukunci a ƙarar da jami'o'in Oklahoma da Jojiya suka shigar, ta ce wannan babakere ya saɓa wa dokar gasar kasuwanci. Daga nan ikon ciniki ya koma hannun jami'o'i da rukunoninsu.

Shi kansa wasan ƙarshen ba tsohon abu ba ne a babban mataki. Shugaban SEC na lokacin, Roy Kramer, ya lura da wata doka da ta ba duk rukunin da ke da jami'o'i 12 damar kasa kansa gida biyu, zakarun ɓangarorin su yi ƙarin wasa ɗaya. Sai rukunin ya shigo da Arkansas da South Carolina suka cika 12, aka buga wasan farko a 1992 tsakanin Alabama da Florida a birnin Birmingham. Daga 1994 aka mayar da shi Atlanta, bai sake tashi daga can ba. Big Ten ta bi sahu a 2011.

Yau cinikin ya kai inda ba a zata ba. A 2022 Big Ten ta ƙulla yarjejeniyar shekara bakwai da Fox da CBS da NBC a kan sama da dala biliyan 7. SEC kuwa ta koma ESPN da ABC gaba ɗaya daga 2024, kuma sabon kason da aka saya daga gare ta ya kai kimanin dala miliyan 300 a shekara.

Abin da tashoshin ke saya da wannan maƙudan kuɗi shi ne tabbaci. Suna da yaƙinin cewa ranar Asabar kaza za a yi wasa, tsofaffin ɗalibai da iyalansu za su zauna gaban akwati, mai talla kuma zai iya tsara kasafinsa shekara guda kafin ranar. Ƙwarewar 'yan wasa na da nata muhimmanci, amma jadawalin da ba ya motsi shi ne hajar.

Abin da ake da shi a gida

Najeriya ba baƙuwar wasannin jami'o'i ba ce. An fara gasar NUGA a Ibadan a 1966, kwalejojin kimiyya da fasaha na da NIPOGA, kwalejojin ilimi na da NICEGA. Makarantu sun taɓa zama rumbun da ƙasa ke ɗibar 'yan wasa. Adokiye Amiesimaka, ɗaya daga cikin waɗanda suka ci wa Najeriya kofin Afirka a 1980, yana karatun lauya a Jami'ar Legas ya shiga ƙungiyar ƙasa. Seyi Olofinjana ya kammala karatun injiniya a Jami'ar Ladoke Akintola kafin ya tafi Turai.

Sai dai NUGA biki ne na 'yan kwanaki, a gari ɗaya, da wasanni iri-iri a lokaci guda. An tsara a riƙa yin sa duk bayan shekara biyu, amma bayan na Makurɗi a 2017 sai da aka jira har 2022 kafin a yi na Legas. Wanda aka ba Jami'ar Jos, da aka sa wa 2024, shi ma ɗage shi aka yi zuwa 2025. Gasar da ranarta ke yawo haka ba ta tara masoya, balle mai talla ya zuba kuɗinsa a kanta.

Yunƙurin da ya fi kusa da abin da ake magana shi ne gasar ƙwallon ƙafa ta manyan makarantu, HiFL, wadda kamfanin PACE ya fara a 2018 tare da haɗin gwiwar NUGA, bankin Stanbic IBTC na cikin masu ɗaukar nauyi. An ba ƙungiyoyi sunaye da riguna. Ta Bayero ita ce BUK Stallions, ta Zariya ABU Nobles. Jami'ar Aikin Gona ta Makurɗi ta ɗauki kofin farko, Jami'ar Kalaba ta karɓe a 2019, sannan a 2021 Jami'ar Maiduguri, mai laƙabin Desert Warriors, ta kawo shi Arewa maso Gabas.

Nasarar Maiduguri ta nuna cewa akwai 'yan wasa a jami'o'in Arewa. Ta kuma nuna iyakar tsarin. A Legas aka buga waɗannan wasannin ƙarshe, inda kamfanonin talla suke, nesa da ɗaliban da ake bugawa da sunansu. Gasa ce ta sili-ɗaya-ƙwale a faɗin ƙasa, ma'ana jami'a na iya buga wasa biyu a shekara ta koma gida. Tafiya daga Kano zuwa Kalaba ko Akure tana cin kuɗin mota da masauki, ga fargabar hanya.

Babban abin da ya fi karya ta shi ne kalandar karatu. A 2020 annobar korona da yajin aikin ASUU na wata tara sun rufe jami'o'i. A 2022 malaman sun sake tafiya yajin aiki daga 14 ga Fabrairu zuwa 14 ga Oktoba. Tun daga lokacin jami'o'i da dama ke tsere domin cike giɓi, wannan na jarrabawa waccan na hutu. Jami'ar da ba ta iya faɗa wa ɗalibi ranar kammala karatunsa ba, da wuya ta iya faɗa wa gidan talabijin ranar wasanta.

Idan aka tsaya a Ƙofar Nassarawa

Duk wanda ya hau gadar sama ta Ƙofar Nassarawa, wadda aka gina a zangon mulkin Rabi'u Musa Kwankwaso na biyu, zai ga kusan duk abin da ake buƙata domin kafa irin wannan gasa, a warwatse.

A jikin ƙofar akwai Gidan Ado Bayero, dogon benen da ya zama harabar cikin gari ta Jami'ar Northwest. Gini ne na ofisoshi da tituna suka kewaye, ba harabar da aka zana da filin wasa ba. Idan aka bi ta ɓangaren Ƙofar Mata, akwai filin wasa na Sani Abacha, wanda ya karɓi gasar matasa ta duniya a 1999, kofin Afirka a 2000, da gasar 'yan ƙasa da shekara 17 ta duniya a 2009. Idan aka bi ta Gidan Murtala aka hau titin BUK, za a wuce Kwalejin Rumfa, wadda ta samo asali tun 1927, a wuce filin Mahaha da ke Ƙofar Na'isa, har a kai tsohuwar harabar Jami'ar Bayero.

Makarantun ma ba su yi kaɗan ba. Bayan Bayero da Northwest, akwai Jami'ar Kimiyya da Fasaha ta Aliko Dangote da Makarantar Horar da 'Yan Sanda, dukkansu a Wudil, akwai Jami'ar Ilimi ta Tarayya mai sunan Yusuf Maitama Sule, akwai kuma makarantar Sa'adatu Rimi. A ɓangaren masu zaman kansu akwai Skyline, da Maryam Abacha, da Khalifa Isyaku Rabi'u, da Baba-Ahmed, da Azman, da Capital City, da Al-Istiqama a Sumaila. Ga kuma Kwalejin Kimiyya da Fasaha ta Jihar Kano, da Kwalejin Shari'a ta Aminu Kano, da Kwalejin Aikin Gona ta Audu Baƙo a Dambatta. SEC da ake ta magana a kanta jami'o'i 16 ne, a warwatse cikin jihohi 12. Na Kano kusan duka ana iya zuwa a dawo a wuni ɗaya, babu kwana a hanya.

Masoya ƙwallo kuwa ba sai an nemo su ba. Kano Pillars ta ɗauki kofin gasar ƙasa a 2008, 2012, 2013 da 2014, kuma tana cikin ƙungiyoyin da suka fi tara jama'a a Najeriya. A nan Ahmed Musa ya ci ƙwallo 18 a kaka ɗaya kafin ya fita waje. A nan ake buga gasar Ramat ta matasa a watan Fabrairu, domin tunawa da Janar Murtala Ramat Muhammad da aka kashe ranar 13 ga Fabrairu, 1976. Abin da ya raya gasar Ramat shi ne an san watanta, an san garinta.

Ke nan akwai makarantu, akwai fili, akwai 'yan kallo. Abin da babu shi ne yarjejeniyar da za ta haɗa su, da hukumar da za ta riƙe ta ko da gwamnati ta sauya. Tarihin sunan jami'ar da ke Ƙofar Nassarawa ya isa misali. An kafa ta a 2012 da sunan Northwest, aka mayar da ita Yusuf Maitama Sule a 2017, aka kuma dawo mata da sunanta na farko bayan sauyin gwamnati. A garin da sunan jami'a ke bin iskar siyasa, gasar da ta dogara da alfarmar gwamna ɗaya ba za ta wuce wa'adinsa ba. An ga haka a kofunan da 'yan siyasa ke sakawa a unguwanni idan zaɓe ya matso, a raba riguna masu hoton ɗan takara, a yi wasan ƙarshe da kiɗa, bayan zaɓe kuma shiru. Yayin da 2027 ke ƙaratowa, irin waɗannan kofuna za su sake yawa.

Batun fili ma siyasa ce. A zamanin Abdullahi Umar Ganduje an yanka filayen gwamnati da dama aka gina shaguna, gwamnatin na cewa haɗin gwiwa ne da 'yan kasuwa domin samun kuɗin shiga. Da Abba Kabir Yusuf ya hau a 2023, ya rushe gine-gine a Filin Sukuwa da Filin Idi da wasu wurare, yana cewa ƙwato kayan jama'a yake yi. Har kotun tarayya ta umarci jihar ta biya 'yan kasuwar Filin Idi diyyar naira biliyan 30, kafin daga baya a sasanta. Muhawarar ta fi karkata ga wanda ya sayar da wanda ya rushe. Tambayar da ta shafi matashi kai tsaye ita ce, filayen da aka ƙwato, nawa ne aka killace da doka domin wasa, ta yadda gwamnati mai zuwa ba za ta sake yanka su ba?

Kuɗin kallo na tafiya waje

Mutanen Kano suna biyan kuɗin kallon ƙwallo duk mako. Gidajen kallo na cika idan Arsenal ko Manchester United ko Real Madrid ko Barcelona na wasa, kuma mai gidan kallo na ɗauke da nauyi uku: kuɗin tauraron ɗan'adam, kuɗin man janareta, da hayar wuri.

Duka ukun sun yi tashin gwauron zabi. Kamfanin MultiChoice ya ƙara farashi a 2023, ya ƙara a 2024, ya sake ƙarawa a Maris na 2025, inda babban tsarin DStv ya tashi daga naira 37,000 zuwa 44,500 a wata. Kamfanin da kansa ya bayyana cewa ya rasa masu biya kimanin miliyan 1.4 a Najeriya cikin shekara biyu. Farashin fetur ya ninka tun bayan cire tallafi ranar 29 ga Mayu, 2023. A Oktoba na 2024 yawancin Arewa ta shafe kwanaki cikin duhu bayan lalacewar manyan layukan lantarki. Wanda ya ce zai koma kallo a waya, shi ma a Janairun 2025 hukumar NCC ta amince kamfanonin sadarwa su ƙara har kashi 50 cikin 100 a kuɗin kira da data.

Kaso mai tsoka na abin da ake tarawa a ƙofar gidan kallo yana ƙarewa ne a asusun masu haƙƙin gasar Ingila da Sifaniya da kofin zakarun Turai. Babu laifi mutum ya so ƙwallo mai kyau. Amma kasuwa ce da Kano ke saye kawai, ba ta sayar da komai.

Ita kanta babbar gasar ƙwararru ta ƙasa, NPFL, ta daɗe tana faɗi-tashi a kan talabijin. Sai a ƙarshen 2023 ta ƙulla yarjejeniya da StarTimes a kan sama da naira biliyan ɗaya a shekarar farko, kuɗin da bai kai dala miliyan biyu ba a canjin lokacin. Idan haka abin yake ga ƙwararru, duk wanda ya ce wasan ɗalibai zai kawo biliyoyi gobe, yaudara yake yi.

Amma ba sai da tauraron ɗan'adam ake kallo ba. Kano na cikin garuruwan da suka fi yawan gidajen rediyo a ƙasar nan, tun daga Rediyon Kano da Freedom, wadda ta fara aiki a 2003, har zuwa waɗanda suka biyo baya. Jihar na da talabijin ɗinta, ARTV. Akwai Arewa24 da ke watsa shirye-shiryen Hausa tun 2014. Jami'ar Bayero na da Tsangayar Sadarwa da tasharta ta rediyo a mita 98.9, inda ɗalibai ke neman inda za su gwada abin da aka koya musu. Kyamara biyu ko uku, da mai sharhi da Hausa, da shafin YouTube ko Facebook guda ɗaya da kowa ya sani, sun isa a fara. Rediyo da waya kuma suna isa inda gidan kallo ba ya isa, musamman ga ɗalibai mata da iyaye, waɗanda ba kasafai suke shiga irin waɗannan wurare ba.

Ina kuɗin wasanni yake shiga?

Sai da ruwan ciki ake jan na rijiya, kuma ruwan cikin yana nan. A takardar rajista ta yawancin jami'o'i da kwalejojin ƙasar nan akwai layin kuɗin wasanni, wanda kowane ɗalibi ke biya, ko yana wasa ko ba ya yi. A ɗauki misali kawai: idan makaranta mai ɗalibai 30,000 ta karɓi naira 2,000 daga kowanne, ta tara naira miliyan 60 a zangon shekara ɗaya.

Wannan ya fi muhimmanci yanzu da kuɗin makaranta ya zama abin kuka. Jami'ar Bayero ta ƙara kuɗin rajista a 2023, har gwamnatin jiha ta ware naira miliyan 700 domin biya wa ɗalibai 7,000 'yan asalin Kano, ta kuma rage rabin kuɗin makarantunta. Ɗalibai da yawa yanzu da bashin NELFUND suke rajista. Wanda ya ci bashi ya biya kuɗin wasanni yana da haƙƙin sanin abin da aka yi da shi.

Doka ma tana gefensa. Dokar 'Yancin Samun Bayanai ta 2011 ta ba kowane ɗan ƙasa damar neman bayani daga hukumar gwamnati, ta kuma ba hukumar kwana bakwai ta amsa. A Afrilun 2025 Kotun Ƙoli ta tabbatar da cewa dokar ta hau kan jihohi ma. Ƙungiyoyin ɗalibai, waɗanda suka ƙware wajen shirya taron karrama 'yan siyasa, za su iya rubuta wasiƙa mai tambaya huɗu: nawa aka tara na wasanni a shekara uku da suka wuce, nawa aka kashe a kan fili da kayan wasa, nawa aka kashe a tafiye-tafiye da alawus, kuma wa ya sa hannu.

A matakin gwamnati, Kano ta ayyana dokar ta-ɓaci a kan ilimi a Yunin 2024, ta kuma ce ta ware wa fannin kashi 31 cikin 100 a daftarin kasafin 2025. A tarayya, Shugaba Bola Tinubu ya soke Ma'aikatar Wasanni a Oktoban 2024, ya dawo da Hukumar Wasanni ta Ƙasa ƙarƙashin Shehu Dikko, wanda ya taɓa jagorantar kamfanin da ke tafiyar da gasar ƙwararru. Wasan ɗalibai yana tsakanin waɗannan ɓangarori biyu, masu ilimi na ganin na masu wasanni ne, masu wasanni na ganin na masu ilimi ne.

Abin da bai kamata a kwaikwaya ba

Tsarin Amurka yana da nasa tabon, kuma gara a san shi tun yanzu.

Shekaru da dama jami'o'i da masu horarwa na kwasar kuɗi, 'yan wasan da ke karya ƙashi a fili ba sa samun komai sai tallafin karatu. Sai a 2021, bayan wani hukuncin Kotun Ƙoli, aka ba su damar samun kuɗi da sunansu da hotonsu. A Yunin 2025 kotu ta amince da sulhun da ya tilasta biyan tsofaffin 'yan wasa kimanin dala biliyan 2.8, ya kuma ba kowace jami'a damar raba wa 'yan wasanta har kimanin dala miliyan 20.5 a shekara. A gefe guda, mai horar da Jojiya, Kirby Smart, yana karɓar kimanin dala miliyan 13 a shekara.

Kwaɗayin kuɗin talabijin ya kuma rusa maƙwabtaka. Rukunin Pac-12, mai tarihin sama da shekara 100, ya watse a 2024 bayan jami'o'i 10 cikin 12 sun fice neman ciniki mai tsoka. Big Ten, mai ma'anar manya goma, yanzu jami'o'i 18 ne daga wannan gaɓar teku zuwa waccan, ɗalibai na shafe sa'o'i a jirgi a tsakiyar zangon karatu.

A gida kuma akwai haɗari uku da aka sani. Na farko sojan haya, wato a ɗauko ɗan wasan kulob a ba shi katin ɗalibi na wata ɗaya. Na biyu caca. Duk wasan da ya hau intanet, kamfanonin caca na biye da shi, kuma ɗalibin da ba shi da kuɗin abinci ya fi kowa sauƙin saye. Hukumar Hisbah ta rufe shagunan caca a Kano a 2024, kuma a Nuwamban shekarar Kotun Ƙoli ta mayar da ikon kula da caca hannun jihohi, don haka Kano na da hurumin hana tallar caca a gasarta tun daga takardar kafawa. Na uku tarzoma. A Oktoban 2025 hukumar NPFL ta cire wa Pillars maki uku, ta ci ta tara, ta kuma kore ta daga filinta, bayan rikicin da ya biyo wasanta da Shooting Stars a Ƙofar Mata. Garin da ke fama da faɗan daba ba zai tara dubban ɗalibai a fili ɗaya ba tare da tsarin tsaro na gaske ba.

Abin da ake buƙata

Lissafin ba mai wuya ba ne. Makarantu takwas, kowace ta kara da kowace sau ɗaya, wasa 28 ke nan, huɗu a kowane mako, cikin mako bakwai. Biyun da suka fi maki su haɗu a wasan ƙarshe a filin Sani Abacha, a Asabar ɗin da aka sanar tun farkon shekara, wadda ba za a ɗaga ta ba domin wani babban baƙo bai samu zuwa ba. Ba a fafe gora ranar tafiya.

Shugabannin makarantun ne ya kamata su mallaki gasar, da yarjejeniya a rubuce, kowace makaranta ta zuba wani kaso sananne daga kuɗin wasannin da take karɓa. A wallafa sunan kowane ɗan wasa da lambar rajistarsa da sashensa kafin a fara, domin abokan karatunsa su zama masu sa ido. A yi wa 'yan wasa inshorar rauni. A ba da haƙƙin watsawa a fili, ko da kyauta ne a shekarun farko, bisa sharaɗin cewa tashar za ta kawo kowane wasa a kan lokaci. Aikin gwamnati shi ne ta ba da fili da tsaro, ta kuma bar sunan kofin ya zama na gari. Idan ta kafu, Zariya da Katsina da Dutse da Sakkwato na iya kafa nasu, zakaru su haɗu, HiFL da NUGA su samu tushen da suka rasa.

Amfanin bai tsaya ga nishaɗi ba. Yaro mai ƙafa a Kano yau yana da zaɓi biyu, ko ya bar makaranta ya bi kulob ɗin unguwa da fatan wani dillali zai kai shi waje, ko ya ajiye ƙwallo ya riƙe littafi. Tobi Amusan, wadda ta kafa tarihin duniya a tseren tsallake shinge a 2022, a Jami'ar Texas da ke El Paso ta gogu, domin can ne aka ba ta karatu da horo a wuri ɗaya. Gasar da ake kallo tana ba matashi dalilin zama a aji, tana ba ɗalibin jarida aikin yi, tana ba mai gidan kallo hajar da ba a biyan ta da dala.

A daren Asabar ɗin da ake wasan Atlanta, wasu ƙalilan a Kano za su murɗo shi, mafi yawa kuma za su kalli na Ingila da Sifaniya kamar yadda suka saba. Shugabannin makarantun jihar, da Ma'aikatar Ilimi Mai Zurfi, da Hukumar Wasanni ta Jiha, duk suna cikin gari ɗaya, tafiyar mintuna tsakaninsu. Zama ɗaya ya ishe su sa rana, kuma ɗaliban da ke biyan kuɗin wasanni duk shekara su ne suka fi cancantar tambayar dalilin da ya sa har yau ba a sa ta ba.